Ranar da Jannatu Ta Tafasa Iri

Argungu,
Lahadi, 6 ga Afrilu, 2025.

Zuwa ga Yayata Asiya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina fata kina lafiya, ke da Baban Humaira da Humaira 'yar lelena. Yaya zafi a Gwadangaji? Yaya ƙafar Inna, kumburin ya sauka? In kin je Ambursa ki duba da idonki, don in a waya ne cewa za ta yi da sauƙi ko da ba ta iya takawa.

Kada ki yi dariyar takarda. Sau uku na kira ki, sau uku ina ajiye waya sannan in tuna ban faɗi abin da ya sa na kira ba. Kuma gidan Gwaggo Maryamu, inda na sauka, ko tari ka yi an ji a zaure. Tunda Baban Humaira yana shigowa Argungu da motar haya kusan kullum, shi zan riƙa ba saƙo.

Aikin ba kamar yadda Inna ta faɗa wa mutanen unguwa ba ne. Ba a ɗauke ni ba tukuna. Gwaji ne na mako bakwai a wurin renon itatuwa da ke bayan gari, mu biyu, gurbi kuma ɗaya ne. Wadda ta fi ita za ta zauna, ɗayar ta koma gida. Ta biyun kin san ta: Jannatu, wadda muka yi aji ɗaya a jami'a, mai zuwa ɗakinmu ta kwafi darasi a littafina dare biyu kafin jarrabawa. Ni na fita ta ɗaya a sashenmu, ita ta sha bakwai cikin mu ashirin da uku. Ba don raini na rubuta ba, haka lissafin yake.

Itacen da za mu rena baƙo ne. Sunansa na ilimi Acacia colei, ɗan'uwan bagaruwa da dakwara, amma asalinsa daga busassun dazuzzukan cikin ƙasar Ostireliya ne. Ba ya zama babbar bishiya, tsawonsa mita biyu zuwa huɗu, yana yin rassa tun daga gindi. Ba shi da ƙaya, ganyensa toka-toka ne, dabbobi ba su damu da shi ba, kuma ana cin 'ya'yansa. A wasu ƙauyukan Maraɗi ana soya su a niƙa a haɗa da garin gero. Ma'aikata ba su iya sunan ba, Baƙuwa suke ce masa. Ana so a dasa shi a faƙon da ke saman fadama, inda ruwan damina ke kwaso yashi ya binne wa mutane shinkafa.

Shugaban wurin, Malam Taufiq, mutum ne mai ƙarancin magana. Irin ya zo ne daga Maraɗi cikin ƙananan jaka biyu, ba wata takarda, ɗaya an ɗaure ta da jan zare, ɗaya da shuɗi. Ya ba ni mai jan zare, ya ba Jannatu mai shuɗi, ya ce kowa zai shuka leda dubu, ƙwaya ɗaya a kowace leda don ƙirga ya yi sauƙi. Da na tambaye shi hanyar da yake so a bi, ya ce, "Hanyar ita ce jarrabawar." Na ƙirga nawa, ƙwaya dubu ɗaya da ɗari biyu da sha huɗu. Jannatu ta cusa jakarta a aljihun riga ta tafi neman ruwan sanyi.

Abin da ke ci mini rai, Yaya, kwana huɗu kawai muka yi amma ta san sunan kowa da sunan matarsa. Baba Hodi, tsohon mai ban ruwa, yana kawo mata goruba. Ni kuwa tun da ya ga ina auna yashi da taki da kwano, biyu da ɗaya, ya sa mini suna Malama Ma'auni. In na iso sai ya ce, "Ku tashi tsaye, an zo auna mu." Su yi dariya, ita ma ta yi, ni ma in yi, amma tawa ba ta wuce haƙora. Ita ba ta yin komai don a so ta, ana dai son ta. Ni tun asuba nake shirya gaisuwar da zan yi musu.

Ki yi mini addu'a. Kin san in na dawo hannu rabbana Baba zai sake cewa karatun itace ai ko akuya ta yi shi.

Ki gaishe da kowa da kowa.
Taki ƙanwa,
Sakinatu Ja'afar.

Argungu,
Lahadi, 13 ga Afrilu, 2025.

Yayata Asiya,

Assalamu alaikum. Ina fata kun tashi lafiya. Na ga saƙon yaji da daddawa, na gode, Allah ya bar zumunci. Gwaggo tana gaishe ki. Yaya haƙoran Humaira?

Mun shuka ranar Alhamis. Amma maganar ranar Laraba nake so in yi miki, don tun ranar ban faɗa wa kowa ba.

Ƙwayar Baƙuwa ƙarama ce, baƙa mai sheƙi, bawonta kamar ƙarfe. In ba a tausasa bawon ba ruwa ba ya shiga, ba ta tsira. Na yi kwana biyu ina bincike a waya. Wasu sun ce a jiƙa ta a ruwan zafi ta kwana, wasu sun ce a tafasa ta minti ɗaya. Na biyun ban yarda da shi ba, kuma ina da hujja. A aikina na shekarar ƙarshe na tafasa irin bagaruwa, kashi sittin da biyu cikin ɗari ya mutu. Ban da wannan, mu da muka tashi a gindin tukunyar Inna, wa zai gaya mana? Shekara nawa muna turara shinkafa a yi gumi, kin taɓa ganin gumi ya tsira? Kin tuna dukan da na sha da na zuba kwanon iri cikin wadda za a turara? Don haka na dafa ruwa, na jira ya sauka zuwa digiri sittin a ma'aunin zafi, na zuba ƙwaya dubu, na bar su awa sha biyu.

Ina cikin jiran ruwan ya huce sai ga Jannatu da tukunyar shayin ma'aikata. Ta ɗora a murhu, ta hura wuta har ruwa ya shiga tafarfasa, ta juye jakarta duka a ƙyalle, ta ƙulle, ta jefa ciki. Ko ƙwaya ɗaya ba ta rage ba. Ba agogo, ba ma'auni, bakinta dai yana motsi kamar mai waƙa a zuci.

Baba Hodi ya yar da butar ban ruwa. Ya ce, "Ke ɗiyag ga, gumi za ki yi muna da irin gwamnati? Sai ki kawo mai da yaji mu ci!" Sannan ya juyo gare ni ya ce, "Malama Ma'auni, ke da kika fi ta karatu, hakanga ake yi?"

Jannatu ta ɗago ta dube ni, hannunta na kan bakin ƙyallen. Sakan goma sha biyar kawai suka wuce, ina kallon agogona. Da na ce ta fitar, da mai yiwuwa an tsira da rabi. Yaya, na ce, "Kowa da hanyarsa, Baba."

Ta bar shi sakan hamsin da takwas. Da ta tsamo shi har ta ce mini, "Sakina, kawo naki mana, ruwan bai huce ba." Na ce na gode, na riga na fara nawa.

Ba zan yi miki ƙarya ba, daɗi na ji. Na koma gida ƙafata ba ta taɓa ƙasa, na ci tuwon Gwaggo malmala biyu har ta tambaye ni ko albishir aka yi mini. Sai a sallar la'asar abin ya fara damuna. Na gaya wa kaina jarrabawa ce, a jarrabawa ba a leƙa wa kowa, kuma shekara huɗu ina ba ta littafina, ya isa. Duk gaskiya ne. Amma yanzu kullum da safe ina ganin ta tana ban ruwa ga leda dubu da babu abin da zai fito cikinsu, tana wasa da Baba Hodi, sai in kau da kai.

Kada ki faɗa wa Inna wannan. Ki gaishe ta, ki ce ina shan maganin zazzaɓin kamar yadda ta ce.

Taki,
Sakinatu.

Argungu,
Laraba, 23 ga Afrilu, 2025.

Yaya,

Assalamu alaikum. Ina fata kowa lafiya. Ki yi haƙuri da rubutun, a tsaye nake yi, Baban Humaira yana jira a tasha.

Nata ya tsira.

Kwana biyar da shuka aka fara ganin kore a layinta. Yau kwana sha uku. Na ƙirga sau biyu bayan an tashi: nata ɗari bakwai da casa'in da ɗaya, nawa casa'in da shida. Layukanmu suna jere, rumfa ɗaya, yashi ɗaya, ruwan rijiya ɗaya. In ka tsaya a ƙofa, hagu kamar an shimfiɗa koren zane, dama kamar maƙabarta.

Ba zai yiwu ba, Yaya. Da idona na ga an dafa irin nan. Abu ɗaya ne ya bambanta mu, jaka. Me ya sa aka ba ta mai shuɗin zare? Malam Taufiq bai yi ƙuri'a ba, miƙa mana ya yi. Na lura in ya shigo layinta yake fara zuwa. Na ji kuma wani kawunta ya taɓa aiki da shi a Birnin Kebbi. Ban tabbatar ba, amma na ji. Ta yiwu tsohon iri aka ba ni, wanda ya shekara uku a rumbu.

Jiya wasu manoma uku suka zo daga fadama ganin itacen da aka ce zai tare musu yashi. Baba Hodi ya kai su layinta yana cewa, "Ga mai hannun albarka, ko dutse ta dafa sai ya yi ganye." Da suka nuna nawa ya ce, "Wanga ana kan auna shi." Har ɗayansu ya riƙe ciki. Ita kuma ta ce, "Haba Baba, ka bar mini Sakina, nata mai nauyin barci ne." Kare ni ta yi. Da zagina ta yi da ya fi mini sauƙi.

Ba na iya cin abinci. Na fara jin haushin takalminta, da yadda take ɗaura kallabi, da dariyarta da ake ji tun daga bakin rijiya. Ranar Litinin na ga akuya ta tura kai ta ramin shinge wajen layinta, na yi tsaye ina kallo har sai da na tuna dabbobi ba su cin ganyen. Kin ga inda na kai. Ni ce na karanta, ni ce na auna, ni ce ba na barci. Ita me ta yi?

Ki rubuto mini ko layi biyu ne.

Sakinatu.

Argungu,
Lahadi, 11 ga Mayu, 2025.

Zuwa ga Yayata Asiya,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina fata kina cikin ƙoshin lafiya da ke da iyali. Na ji an gama yankan shinkafar rani a Ambursa, Allah ya sa albarka. Yaya Baba da gajiyar gona?

Takardarki ta iso, kuma na yi fushi da ke kwana biyu. Kika ce in bar zargin mutane da jaka, in je in tambayi yarinya abin da ta sani, tunda baki ba a auna shi da kwano. Ban je ba. Maimakon haka na yi abin da na iya, na yi gwaji.

Cikin ƙwaya ɗari biyu da sha huɗu da suka rage mini a jakar jan zare, na ɗebi ɗari na kai gidan Gwaggo. Na tafasa su a tukunyarta, sakan sittin cif, na shuka a tsofaffin gwangwanayen madara a bayan ɗaki. Na yi haka ne don in nuna irina matacce ne, in kai wa Malam Taufiq hujja. Yaya, tamanin da uku suka tsira. Sannan na tone leda ashirin a layina na wurin aiki. Ƙwayoyin suna nan cikin ƙasa, baƙaƙe, masu sheƙi, kamar ranar da aka ba ni su. Ba su ruɓe ba, ba su kumbura ba. Ruwana mai digiri sittin ko gezau bai sa sun yi ba.

Irina lafiyarsa ƙalau. Ba wanda ya cuce ni. Itacen nan a ƙasarsu sai gobarar daji ta bi ta kansa zafi ya buɗe bawon, sannan ya tsira da ruwan farko. Na karanta wannan tun farko, na tsallake shi, saboda bagaruwata da gumin Inna sun fi shi ƙarfi a kaina.

Bayan nan ne na tambaye ta, muna wanke hannu a bakin rijiya. Ta ce ai ba wani abu ba ne. Matar kawunta 'yar wani ƙauye ce a Maraɗi inda suke noma shi, ta kira ta a waya, ta ce mata a jefa a ruwa yana tafasa, a yi salati goma a fitar. Motsin bakin da na gani ke nan. Ni na kwana biyu ina karanta turawa, ita ta kira tsohuwar da ba ta iya karanta ko harafi ɗaya ba, minti uku. Ko a mafarki ba zan tuna in tambayi wani ba. Wannan ma na ji ƙyashinsa.

Ga abin da ya sa na rubuto. Ranar Alhamis Malam Taufiq ya kira ni ofis. Ya ce manyansa na Birnin Kebbi suna son rahoto kafin a yanke wadda za a ɗauka, kuma Jannatu ba ta rubuta komai ba tun da aka fara, ko ranar shuka sai da ta tambayi Baba Hodi. Ya ce ni zan rubuta na mu biyun, tunda ni ke da littafi. Sannan ya ce abin yana damunsa, don jakunkunan ba daga hannun mutum ɗaya suka fito ba, kuma bai gwada su ba kafin ya raba. Ya ce in har irin ne ya bambanta, to gwajin bai yi adalci ba, zai ce a soke shi a duba sakamakon makaranta da tsarin aiki. Ya ce, "Ki rubuta abin da kika gani, Sakinatu."

Kin gane? In an duba sakamakon makaranta, aikin nawa ne. Ba sai na yi ƙarya ba. Layi ɗaya kawai zan rubuta, cewa jaka biyu ne daga hannu biyu kuma ba a gwada su ba kafin rabo, kuma gaskiya ne. Gwangwanayen bayan ɗakin Gwaggo ba wanda ya san da su sai ni da ke da kajinta.

Na rubuta rahoton iri biyu, suna nan a ƙarƙashin katifa. Ɗaya shafi huɗu, ɗaya shafi biyar, shi ne mai labarin gwangwanayen. Ina ta tunanin ita za ta sami wani aikin ko ina, mutum mai farin jini ba ya rasa ƙofa. Ni fa? Ni in ba a takarda ba, ba wanda ke ganina. Ina tunanin fuskar Baba, da matan unguwa da Inna ta riga ta gaya wa 'yarta ma'aikaciya ce. Sai kuma in fita bayan ɗaki in ga tamanin da ukun nan sun yi ganye huɗu-huɗu, ba ruwansu da ni.

Ranar Litinin ta sama zan miƙa. Ba shawara nake nema ba, na san abin da za ki ce. So nake dai wani ya sani.

Ki shafa mini kan Humaira.
Ƙanwarki,
Sakinatu.

Argungu,
Lahadi, 25 ga Mayu, 2025.

Yayata Asiya,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya, ke da maigida da Humaira, da Inna da Baba in kin je. Nan an yi yayyafi ranar Juma'a, bai jiƙa ƙasa ba, ya dai tayar da ƙamshi.

Mai shafi biyar na miƙa. Kada ki yaba mini. Har ƙofar ofis duka biyun suna cikin jakata, kuma ba tsoron Allah ne ya fara zo mini ba, Allah ya yafe mini. Abin da ya zo mini shi ne, in na miƙa ɗayan, a cikin fayil ɗin ma'aikata za a ajiye cewa irin jan zare ba shi da kyau, wani ya zo baɗi ya karanta ya zubar da shi, da sa hannuna a ƙasa. Na kasa. Na haɗa da gwangwani ɗaya a leda na ajiye masa a tebur.

Ya karanta a gabana, bai ɗago ba sai a shafi na ƙarshe. Ƙirgar ƙarshe: Jannatu ɗari takwas da arba'in da shida, ni ɗari da sha uku. Ya ce tun da ya fara aiki bai ga rahoto mai tsabta irin wannan ba, kuma za a buga hanyar tafasawar a raba wa ƙauyuka, don mutanen fadama ba za su yarda a dafa iri ba sai sun ga lamba. Na jira ya ce wani abu bayan wannan. Ya ce Allah ya yi mini albarka.

Ranar Alhamis takarda ta zo. Jannatu aka ɗauka.

Kafin nan ya sa a tone ledojina ɗari takwas da tamanin da bakwai a ceto irin a tafasa. Kwana uku muna yi, ni da ita, a zaune a kan buhu muna tankaɗe ƙasa da rariya. Ba wanda ya sa ta. Baba Hodi ya kawo goruba biyu wannan karon, ya ajiye tawa a gefena, ko sunan Malama Ma'auni bai kira ba.

A rana ta uku na gaya mata. Na ce ranar da ta jefa irinta a tukunya na tabbata kashe shi take yi, kuma da gangan na yi shiru, kuma na ji daɗi. Na shirya ta yi kuka ko ta tashi ta bar ni. Sai ta saki rariyar ta dube ni, ta ce, "Wallahi Sakina, ranar da na ɗago na dube ki, shakka ta riga ta kama ni. Baba Hodi ya tsorata ni. Da kin ce in fitar, da na fitar, na bi taki hanyar. Tun aji ɗaya ban taɓa musa miki ba. Da kika ce kowa da hanyarsa, sai na ce to, tunda Sakina ba ta hana ba, daidai ne." Ta ɗauki rariyar ta ci gaba, can ta ce, "Amma kin iya mugunta a natse, ba zan ƙara zama kusa da ke a mota ba." Ta yi dariya, idonta kuma ya kawo ruwa. Ban san wanne zan ɗauka ba.

Na yi lissafin ta kowace fuska. Da na yi mata abin da na ɗauka alheri ne, da ta fitar da irin a sakan na sha biyar ta bi ruwana mai ɗumi, da mu biyun mun tashi da tsiro ɗari-ɗari kacal, a koma sakamakon makaranta, a ɗauke ni. Tamkar da hannuna na riƙe mata tukunyar, Yaya, ina murna.

Ba zan ce miki ƙyashin ya tafi ba. Jiya ta zo gidan Gwaggo da takardar ɗaukar aikin ta nuna mini inda za ta sa hannu, don ba ta gane wani sakin layi ba. Na karanta mata, na gyara mata kwanan wata, na ce Allah ya sanya alheri, kuma da gaske nake. Da ta fita na shiga ɗaki na kwanta na fuskanci bango har magariba. Ta ce in dawo watan Yuli ranar dashe a faƙo. Ban yanke shawara ba tukuna. Ina so in ga itacen a tsaye, amma ban san ko zan iya ganin ta tana ba da umarni ba.

Zan taho ranar Talata da motar Baban Humaira ta ƙarfe takwas. Gidanki zan fara sauka, in kwana biyu kafin in fuskanci Ambursa. Ki ajiye mini wuri a inuwa, ina tahowa da gwangwanaye tamanin da biyu.

Abu ɗaya nake roƙo. Na san Inna, za ta ce an yi mini son kai, ta bi gida-gida tana cewa 'yar wani ce aka ɗauka. Ki riga ni zuwa ki tare ta. Ki ce mata ba wanda ya cuci 'yarta. Ki ce ɗari takwas da arba'in da shida ne da ɗari da sha uku, kuma ni na ƙirga.

Allah ya sada mu da alheri.
Taki ƙanwa har kullum,
Sakinatu Ja'afar.